Wane ne Matteo Garrone, mai fim ɗin Io Capitano?

Wanda bai da ɗa ko ƙane a hanyar Libiya, to yana da maƙwabcin da nashi ya tafi. Shi ya sa yau muka ɗauko muku tarihin wani ɗan Italiya mai rubuta fim yana kuma ba da umarni, wanda ya nuna wa Turawa wahalar wannan hanya.

An haifi Matteo Garrone a birnin Roma ran 15 ga Oktoba 1968. Mahaifinsa mai sharhi ne kan wasan kwaikwayo, mahaifiyarsa mai ɗaukar hoto. Shi kuwa da zane ya fara kafin ya shiga sinima. Fim ɗinsa na farko mai tsawo, Terra di mezzo na 1996, ya duba rayuwar baƙi a Roma: matan Najeriya, ƴan ƙwadagon Albaniya da wani ɗan Masar mai aiki a gidan mai.

Sunansa ya fito duniya a 2008 da Gomorra, wanda ya ɗauko daga littafin Roberto Saviano kan ƴan ta'addar Kamora na birnin Napoli. Fim ɗin ya ci babbar kyautar alƙalai a bikin Cannes na Faransa, haka ma Reality a 2012. Sai Dogman a 2018 da Pinocchio a 2019.

Amma wanda ya fi shafarmu shi ne Io Capitano na 2023, ma'ana "ni ne kyaftin". Labarin samari biyu ne ƴan uwan juna, Seydou da Moussa, da suka sulale daga Dakar ba da sanin iyaye ba. Suka ratsa Mali, suka iso Agadas, suka shiga Sahara, inda wanda ya faɗo daga mota ba a tsaya masa. A Libiya aka tsare Seydou ana azabtar da shi don a biya kuɗin fansa. Daga ƙarshe masu safara suka danƙa masa tuƙin jirgin ruwa cike da mutane zuwa Italiya, yaro ɗan shekara 16 da ko iyo bai iya ba.

Ba daga kansa Garrone ya ƙago labarin ba. Ya saurari waɗanda suka bi hanyar, kamar Mamadou Kouassi ɗan Kodebuwa, da Fofana Amara ɗan Gine, wanda ya tuƙa irin wannan jirgi yana da shekara 15, da isarsa kuma aka kulle shi. An ɗauki fim ɗin a Senegal, Maroko da Italiya, akasari cikin harshen Wolof da Faransanci.

A bikin Venise na 2023 Garrone ya karɓi kyautar gwarzon mai ba da umarni, Seydou Sarr kuma ta sabon ɗan wasa. A 2024 fim ɗin ya shiga jerin biyar na ƙarshe a gasar Oscar ta finafinan ƙasashen waje.

Ƴan uwa na waje, in kun samu fim ɗin, ku nuna wa ƙannenku na gida tun kafin su ɗaure kaya.