Maureen O'Hara: Sunan Aro, Asali Na Gado

A wannan makon za mu leƙa ƙasar Ayalan, mu duba rayuwar wata jarumar fim da aka canza wa suna, amma ta ƙi yarda a canza mata asali.

An haifi Maureen FitzSimons a birnin Dublin ranar 17 ga Agusta, 1920. Tun tana 'yar shekara 14 ta fara koyon wasan daɓe a gidan wasa na Abbey. Jarumin Ingila Charles Laughton ne ya ga gwajin da aka yi mata a kyamara, ya ɗauke ta aiki, aka raɗa mata O'Hara don sunanta ya yi tsawo a allon talla. A 1939 suka fito tare a Jamaica Inn da The Hunchback of Notre Dame, daga nan ta zama 'yar Hollywood. Jan gashinta ya sa masu shirya fim mai launi suka yi ta rububinta. Fim biyar ta yi da John Wayne, mafi shahara shi ne The Quiet Man na 1952, wanda John Ford ya ɗauka a ƙauyen Cong da ke ƙasarta.

Abin da ya fi jan hankalinmu ya faru ne a 1946, lokacin da ta nemi takardar zama 'yar Amurka. Kamar yadda ta bayar da labari a littafin tarihinta na 2004, jami'ai sun rubuta ta a matsayin 'yar Birtaniya, suka ce ta yi rantsuwar warware mubaya'a ga Ingila. Ta ce ai ba ta taɓa yin mubaya'ar ba, balle ta warware. Sai da aka je gaban alƙali kafin aka rubuta mata Ayalan.

A 1957 ma mujallar Confidential ta yi mata ƙazafin aikata abin kunya a wani sinima na Los Angeles. Ta kai ƙara, ta fito da fasfo ɗinta, hatimin ciki ya nuna tana ƙasar waje a lokacin.

Duk tsawon aikinta ba a taɓa sa ta cikin 'yan takarar Oscar ba, sai a 2014 aka ba ta ta girmamawa. Ta rasu ranar 24 ga Oktoba, 2015, tana da shekara 95.

Sai mun haɗu mako mai zuwa.