Littattafan da Suka Bayyana Tsarin Mulkin Ingila

Yawancin ƙasashen duniya, in aka tambaye su tsarin mulkinsu, sai su ɗauko littafi guda su miƙa. Amurka ta rubuta nata a 1787, Nijeriya kuma ta karɓi mulkin kai a 1960 da nata a rubuce. Amma Ingila, wadda ta rubuta wa ƙasashe da yawa nasu, ba ta da irin wannan littafi har wa yau. Nata a warwatse ya ke. Wani sashe yana cikin dokokin Majalisa, wani cikin hukuncin alƙalai, wani kuwa al'ada ce kawai wadda kowa ya ke jin kunyar ketawa. Saboda haka mai son ya san shi tilas ya nemi littattafan masana, kuma waɗansu daga cikin littattafan nan sun yi ƙarfi har sarakuna suka ji tsoronsu.

Tushen maganar wata takarda ce da a ke kira Magna Carta, watau Babbar Takardar Alkawari. A watan Yuni na 1215 manyan hakiman Ingila suka gaji da harajin Sarki John da zaluncinsa, suka tsare shi a wata fadama mai suna Runnymede, a bakin kogin Thames, suka sa ya buga hatiminsa. A ciki ya yi alkawari ba za a kama ɗa ko a ɗaure shi ba sai da shari'a, ba kuwa za a sayar da shari'a ko a jinkirta ta ba. Ba a yi wata uku ba Paparoma ya soke takardar, yaƙi ya tashi, Sarki John ya mutu a 1216. Magadansa sun sake fitar da ita, amma da zamani ya yi nisa sai ambatonta ya ragu.

Wanda ya tono ta shi ne Edward Coke, wanda mutanensa ke kiran sunansa Kuk. Ba mutum ne mai daɗin zama ba. Sa'ad da ya ke lauyan Sarki ya matsa wa waɗanda a ke tuhuma ba tausayi. Amma da aka naɗa shi babban alƙali sai ya juya, ya riƙa gaya wa Sarki James na Farko cewa sarki ba shi da wani iko sai wanda doka ta ba shi, ba shi kuwa da ikon ƙaga sabon laifi da shela kawai. Sarki ya tuɓe shi a 1616. Coke ya shiga Majalisar Wakilai, ya zama ɗaya daga cikin waɗanda suka tsara takardar koke ta 1628, wadda ta hana Sarki Charles na Farko karɓar haraji ba da yardar Majalisa ba, da ɗaure mutum ba a faɗi laifinsa ba.

Da tsufa ya kama shi ya koma gida, ya zauna yana rubuta sharhin Magna Carta layi-layi. Labari ya kai fada. A 1634, Coke yana kwance ciwon ajali yana da shekara 82, Sarki ya aiko aka kwashe takardunsa. Suka yi shekara bakwai a hannun hukuma, sai da Majalisa ta yi ƙarfi ta sa aka fito da su, aka buga sharhin a 1642, shekarar da yaƙi ya ɓarke tsakanin Sarki da Majalisa. A 1649 aka sare kan Sarki Charles. Masana tarihi na baya sun nuna Coke ya ɗora wa takardar kayan da ba nata ba, gama hakiman 1215 kansu su ke yi wa yaƙi, manoman da ke ɗaure da gonakin iyayen gijinsu kuwa, waɗanda su ne mafi yawa, ba su shiga lissafin 'ya'ya ba. Duk da haka fassararsa ce mutane suka riƙe, ita ce kuma ta yi aiki.

Bayan Sarki James na Biyu ya gudu a 1688, dokar 1689 ta tabbatar da fifikon Majalisa, aka shiga zamanin masu bayani. William Blackstone ya tattara dokokin Ingila cikin littattafai huɗu tsakanin 1765 da 1769. William Stubbs, malami a Oxford, ya bi asalin Majalisa cikin littattafai uku, ya tsaya a 1485. A. V. Dicey, a littafinsa na 1885, ya ce Majalisa tana iya yin kowace doka ko ta warware ta, kuma minista da talaka kotu ɗaya ke yi musu shari'a.

Amma wanda ya fi daɗin karatu ɗan jarida ne, Walter Bagehot, editan jaridar Economist. Littafinsa ya fito a 1867. Shi bai dami kansa da tsofaffin takardu ba, ya dubi abin da a ke yi ne a gaban idonsa. Ya raba hukuma kashi biyu: akwai sashen kwarjini, watau Sarauniya da fada da bukukuwa, wanda ke sa jama'a biyayya, akwai kuma sashen aiki, watau Majalisar Ministoci da ke fitowa daga Majalisar Dokoki, wadda ita ke riƙe da linzami. Ya ce abin da ya rage wa mai sarauta uku ne: a shawarce shi, ya ƙarfafa wa ministoci gwiwa, ya kuma gargaɗe su. Babu dokar da ta faɗi haka, ra'ayin ɗan jarida ne. Amma Sarki George na Biyar ya karanta littafin tun yana yarima, sannu a hankali ra'ayin ya zama ƙa'ida. Bagehot fa ba masoyin talakawa ba ne. Bai yarda ma'aikata sun isa zaɓe ba, ga shi kuwa a shekarar da littafin ya fito aka ba da yawa daga ma'aikatan birane ƙuri'a, har ya zama dole ya rubuta sabuwar gabatarwa a 1872.

Akwai wani littafi kuma wanda ba a karanta shi don daɗi, na Erskine May, ma'aikacin Majalisar Wakilai da ya zama babban akawunta. Ya fara fitowa a 1844, yana bayyana yadda a ke gabatar da magana, da muhawara, da ƙuri'a. Majalisun ƙasashen da Ingila ta mallaka, har da na Legas da Kaduna kafin 1966, irin wannan hanya suka bi. An yi masa bugu na 25 a 2019.

A wannan shekarar ta 2019 aka ga tsofaffin littattafan nan ba su mutu ba. Ana cikin rigimar fitar Birtaniya daga Tarayyar Turai, a watan Maris Shugaban Majalisar Wakilai, John Bercow, ya buɗe littafin May, ya kafa hujja da wata al'ada ta 1604, ya hana gwamnati sake kawo maganar da Majalisa ta riga ta ƙi, sai in an canza ta. A watan Agusta kuma Firayim Minista Boris Johnson ya shawarci Sarauniya Elizabeth ta rufe Majalisa mako biyar. Aka kai ƙara Kotun Ƙoli. Ranar 24 ga Satumba alƙalai 11 suka haɗa baki suka ce rufewar ba ta bisa doka, cikin hujjojinsu kuwa har da maganar nan da Coke ya gaya wa Sarki James shekara ɗari huɗu da suka wuce. Kashegari wakilai suka koma kujerunsu.