Gert Fröbe, Ɗan Wasan Siliman na Jamus

An haifi Gert Fröbe a shekarar 1913 kusa da garin Zwickau, cikin ƙasar Jamus. Tun yana yaro ya koyi goge irin na Turawa, daga baya ya shiga sana'ar wasan kwaikwayo. A 1929, yana da shekara 16, ya shiga jam'iyyar Hitila, wadda a ke kira Nazi, amma a 1937 ya fita daga cikinta.

Da aka gama Yaƙin Duniya na Biyu a 1945, biranen Jamus sun zama kufai, abinci kuwa sai da katin rabo a ke samunsa. A 1948 aka yi wani siliman mai suna Berliner Ballade, Fröbe ya fito a matsayin soja wanda ya komo gida ramamme, ba shi da ko anini. Jamusawa suka ga hoton kansu a jikinsa, nan da nan sunansa ya bazu. Da ƙasar ta farfaɗo, shi ma ya yi ƙiba, sai aka riƙa ba shi matsayin attajirai da mugaye. A 1964 Turawan Ingila suka sa shi cikin siliman ɗin James Bond mai suna Goldfinger, ya fito a matsayin mai kwaɗayin zinariya. Da ya ke bai iya Ingilishi sosai ba, muryar wani aka ɗora a kan tasa.

To, a 1965 wata jaridar Ingila ta buga cewa Fröbe ya taɓa zama ɗan Nazi. Mutanen Hitila kuwa sun hallaka Yahudawa wajen miliyan 6. Saboda haka ƙasar Isra'ila ta hana nuna duk siliman ɗin da ya fito a ciki. Mutuncin da ya daɗe yana tarawa ya tasam ma zubewa, ga shi kuma ba shi da bakin kare kansa, gama shigarsa jam'iyyar ba ƙarya ba ce.

Ana nan sai wani Bayahude, Mario Blumenau, ya je ofishin jakadan Isra'ila a birnin Biyana. Ya ba da shaida cewa zamanin yaƙi Fröbe ne ya ɓoye shi da uwarsa, ya ciyar da su, alhali kuwa a lokacin nan mai ɓoye Bayahude ransa ya sa a kasada. Da jin haka Isra'ila ta janye hanin bayan 'yan makonni.

Fröbe ya ci gaba da sana'arsa har ya rasu a birnin Munich a 1988. Abin da ya cece shi ran da magana ta tashi ba shahararsa ba ce, aikin da ya yi a ɓoye ne, sa'ad da ba mai kallo. Dā ma Hausawa sun ce alheri danƙo ne, ba ya faɗuwa ƙasa banza.