Rory McLeod: Shekara 18 a Bakin Ƙofa

Duk wanda ya zaga fadojin matasa a Zinder, ko nan Tirmini da yamma, ya san ƙarar ƙwallon snuka in ta faɗa rami. Teburin da muke bugawa ƙarami ne. Na ƙwararru tsawonsa ƙafa 12 ne, faɗinsa 6, da jajayen ƙwallaye 15, masu launi 6, da fara guda. A kan irin wannan tebur wani Musulmi baƙar fata ya ƙarar da ƙuruciyarsa, kuma da wuya ka ji ana ambatonsa.

An haifi Rory McLeod a 1971 a garin Wellingborough na Ingila, iyayensa ƴan asalin Jamaika ne. Ya shiga sahun ƙwararru a 1991. To, kada ku ji "ƙwararre" ku zaci kuɗi. A snuka, na ƙasan jeri shi ke biyan kuɗin mota da masauki daga aljihunsa, kuma a gasa da yawa in aka fitar da kai a karon farko, hannu rabbana za ka koma gida. Shi ya sa McLeod ya yi aski, ya yi gadi, daga baya ya tafi Katar yana horar da ƴan wasan ƙasar.

Burin kowane ɗan snuka shi ne zauren Crucible da ke Sheffield, inda ake gasar duniya tun 1977. Mutum 32 ke shiga. McLeod bai taka wurin ba sai 2009, yana da shekara 38, ya zama baƙar fata na farko da ya buga a can. Mark King ya fitar da shi 10 da 6. A 2011 ya doke Ricky Walden, wanda ya fito yana ƙorafin cewa McLeod na da nawa. Gaskiya yana da nawa, ba ya gaggawar bugu. Amma ni a ganina mutumin da abincin gidansa ke rataye da ƙwallo ɗaya, ba a ce masa ya yi sauri.

Shekarar 2015 ta zo masa da daɗi da ɗaci. Ya fito talabijin gaban Ronnie O'Sullivan da tambarin "ISIS" a ƙirji, ga shi Musulmi mai gemu, intanet ta ɗauki zafi. Ashe sunan wani kamfanin akantoci ne da ya daɗe yana tallafa masa, tun kafin a san ƙungiyar ƴan ta'addar. A shekarar ce kuma ya ci gasar Ruhr Open a Jamus, ya doke Tian Pengfei na Sin 4 da 2.

Sai Afrilun 2017. Aka haɗa shi da Judd Trump, na 2 a duniya, wanda masu hasashe suka riga suka miƙa wa kofi. McLeod na da shekara 46, yana na 54. Trump ya ci turmi 4 na farko a jere, kamar yadda ƴan dambe ke cewa. Kowa ya ce an gama. McLeod ya zauna da nawarsa, yana ɓoye farar ƙwallo inda Trump ba zai samu hanya ba, ya ci turmi 5 a jere, a ƙarshe ya yi nasara 10 da 8. Kwana kaɗan bayan haka Stephen Maguire ya lallasa shi 13 da 3.

Matsayi mafi girma da ya taɓa kaiwa shi ne na 32. A 2019 ya faɗo daga jerin ƙwararru. A 2020, yana da shekara 49, ya koma gasar neman gurbi da ake kira Q School, tare da samarin da ya haifa, ya karɓo katinsa na shekara biyu.