Sarkin Musulmi Muhammadu Bello Da Littafin Lissafi

'Yan'uwa tsofaffin ɗalibai, da wuya a sami ɗaya daga cikinmu da bai taɓa jin wannan magana ba tun muna aji ɗaya, wato wai lissafi ilmin Turawa ne, mu namu shi ne mu haddace mu ci jarrabawa mu huta. Da yawanmu ranar da muka rubuta takardar ƙarshe muka yi sallama da New General Mathematics, sallamar da babu kome. To ni dai ina ganin wannan magana ba ta da tushe, kuma hujjata ba nesa take ba, tana nan Wurno, inda Sarkin Musulmi Muhammadu Bello yake kwance, Allah ya ƙara masa yarda.

Bello ya riƙi sarautar Musulunci daga 1817 har rasuwarsa a 1837, kuma shi ya kafa Wurno a matsayin ribaɗi. A cikin watan Maris na 1824 wani Bature, sojan ruwa na Ingila mai suna Kyaftin Clapperton, ya iso Sakkwato. Daga cikin kayan da ya nuna wa Sarkin Musulmi akwai na'urar awon tsayin rana da matuƙan jirgin ruwa ke amfani da ita, da kuma taswirar sararin samaniya. Baturen da kansa ya rubuta cewa ya tarar Bello ya san dukkan buruji goma sha biyu, ya kuma san taurari masu yawa da sunayensu na Larabci. Wanda ya zo ya ba da mamaki sai ya koma shi ke mamaki.

Da Clapperton ya dawo a 1826, ya zo da tsarabar littattafan Larabci, cikinsu har da littafin Uƙulidis, wanda Turawa ke kira Yukilid. Wata safiya ya shiga gaisuwa, sai ya iske Sarkin Musulmi zaune a cikin gida, littafin nan a gabansa. Bello ya shaida masa cewa ai dama gidansu suna da irin wannan littafi, wani ɗan'uwansu ne ya zo da shi daga Makka, amma ya ƙone a gobarar da ta ci wani sashe na gidan a shekarar da ta gabata. Saboda haka ya yi murna ƙwarai da samun wani.

A lura da kyau. Wannan lokaci ne na yaƙi da Gobirawa, ga kuma rikicin Barno ya taso, ga shari'u, ga wasiƙun sarakuna. Ba jarrabawa ce a gaban Bello ba, ba kuma wanda zai ba shi takardar shaida ko ƙarin girma. Son sani ne kurum ya zaunar da shi.

Shin wane irin littafi ne wannan? Uƙulidis ya zauna a birnin Iskandariya ta Masar wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihissalam, littafinsa kuwa kashi 13 ne. Abin da ya ɗaukaka shi shi ne tsarinsa. Yakan fara da 'yan abubuwan da kowane mai hankali zai yarda da su, alal misali cewa ana iya jan miƙaƙƙen layi tsakanin kowane ɗigo biyu. Daga nan sai ya riƙa ɗora magana bisa magana, ba ya faɗin komai sai ya kawo dalilinsa daga abin da ya riga ya tabbatar. Da haka ya nuna cewa kusurwoyi uku na kowace alwatika, in an haɗa su, daidai suke da kusurwa biyu irin ta lungun ɗaki. Magininmu da ke auna ƙafa 3 nan, ƙafa 4 can, ya ja igiya ya ga ko ta kai ƙafa 5 don lungun gini ya tsaya sak, da abin da ke ƙarshen kashi na farko yake aiki, ko da bai taɓa jin sunan mai littafin ba. Ina jin malamin da ya saba da usulu da manɗiƙi, irin Bello, ba zai ga baƙon abu a wannan tsari ba. An fassara littafin zuwa Larabci a Bagadaza tun zamanin Halifa Haruna Rashid, kuma daga Larabcin ne aka mayar da shi Latin a ƙarni na 12.

Kada a ce wannan sha'anin mutum ɗaya ne. Kusan shekara ɗari kafin zuwan Clapperton an yi wani malami, Muhammadu ɗan Muhammadu Alfulani Alkashinawi, wato Bakatsine, wanda ya tafi aikin hajji ya zauna Masar, ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan Shaihu Hasan Aljabarti, mahaifin shahararren marubucin tarihin nan na Masar. A 1732 ya kammala wani littafi kan hatimi, inda ya bayyana hanyoyin cika gidajensa. Mu mun fi sanin hatimi a allon malamai da cikin laya, amma in an tuɓe masa rigar asiri, lissafi ne zalla. Ɗauki mai gida tara: a jera 1 zuwa 9 ta yadda kowane layi, a tsaye ko a kwance ko a karkace, zai ba da 15, kuma ba ya yiwuwa sai 5 ta zauna a tsakiya. Mai gida 25 kuwa jimlarsa 65 ce. Wata Ba'amurkiya, Claudia Zaslavsky, ta kawo labarin malamin a littafinta Africa Counts na 1973, har ya zama 'yan makaranta a Amurka na jin sunansa, mu 'yan gida ba mu ji ba.

Dole ma malamanmu su san hisabi, domin ba a raba gado sai da nusufi da sulusi da sudusi da sumuni, ba a kuma sanin lokacin shuka sai da ƙidayar taurari. Kai, Alhawarizmi, wanda daga sunan littafinsa aka sami kalmar aljabara, babban kashi na littafin nan matsalolin gado da wasiyya ne. Daga sunansa kuma aka ciro kalmar da masu kwamfuta ke kiran jerin umurnin da na'ura ke bi. Da Dokta Barth, Bajamushen da aka sani da Abdulƙarimu, ya sauka Wurno a 1853 zamanin Sarkin Musulmi Aliyu Babba, ya gana da Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu ta wajen uwa, mai rubuce-rubuce kan tarihi da falsafa, ya kuma yaba iliminsa matuƙa.

Da boko ya zo, ya zo da ilmi mai yawa, wannan ba a musu. Sardauna Ahmadu Bello, haifaffen Rabah kuma tattaɓa-kunnen Muhammadu Bello, ya gama Kwalejin Katsina a 1931, jami'ar da ke ɗauke da sunansa kuma aka buɗe ta a 1962. Daga irin wannan karatu ake samun injiniyoyin da ke lissafa nauyin ruwan da madatsa kamar ta Goronyo za ta iya tarewa. Amma a ganina an yi ɓarin wani abu a hanya. Lissafi ya shigo cikin harshen da yaro bai gama ji ba, da bulala a bayansa, sai ya zama dodo. An dai yi ƙoƙari: Dokta East da Alhaji Abubakar Imam sun fitar da Ikon Allah a 1949, littafin da ke bayyana halittu cikin Hausa mai daɗi don mai karatun sha'awa. Sai dai littattafan Hausa irinsa kan lissafi ko kimiyyar haske da wutar lantarki ba su yawaita ba.

Saboda haka nake roƙon shugabannin ƙungiyarmu, duk sa'ad da za a saya wa ɗakin karatun makaranta littattafai, kada a tsaya ga na jarrabawa kaɗai. A ware ko da kanta ɗaya don littattafan da yaro zai ɗauka ba don an sa shi ba, a kuma nemi masu digirin lissafi daga cikinmu su rubuta labarin Alkashinawi da hatiminsa cikin Hausa, ko da shafi ashirin ne, a fara bugawa a wannan mujalla.