Gaskiya Ta Fi Kwabo a Zamanin Yaƙin Hitila

A watan Janairun 1939, watanni takwas kafin Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke, jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a Zariya, ana sayar da ita kwabo guda. Dokta Rupert East na Hukumar Talifi ne ke kula da ita, edita kuwa Malam Abubakar Imam, marubucin Magana Jari Ce. Ɗaya daga cikin dalilan kafa ta shi ne kashe jita-jitar da ta cika kasuwanni, wai Ingila za ta miƙa wa Jamus Nijeriya.

Da yaƙi ya tashi, aikin ya ƙaru. Gwamnati na neman sojoji, tana neman gudunmawar kuɗi, tana kuma so a ƙi Hitila. Bature ba ya iya sarrafa Hausar da za ta ratsa zukata, don haka ya dogara ga alƙalamin Imam, wanda jama'a suka riga suka amince da shi. Wannan amana ce gwamnati ta ara.

Zaluncin Hitila gaskiya ne, faɗinsa bai buƙaci ƙarya ba. Wahalar tana ga abin da yaƙin ke ci a gida. Bayan Japan ta kama Malaya a 1942, an tilasta wa dubban talakawan Arewa haƙar kuza a Jos, wasu suka mutu a can. Manomin gyaɗa na Dawakin Kudu ko Kura kuwa an ce ya ƙara noma, alhali gwamnati ce ke yanka farashi. Mai tilastawar shi ne mai jaridar.

Imam bai ajiye aiki ba, amma bai zama ɗan amshin shata ba. Ya buɗe wa masu karatu filin wasiƙu, inda koke-koke suka samu mafita. A 1943 ya je Ingila cikin tawagar 'yan jaridun Afirka ta Yamma tare da Azikiwe, ya gana da Lugga, ya zayyana masa damuwar Arewa.

Ko hakan ya wanke shi, magana ce da za a iya jayayya a kanta. Abin da ya tabbata shi ne duk ma'aikacin talla ko hulɗa da jama'a da hukuma ta kira a lokacin rikici, ba Hausarsa kaɗai ake haya ba, har da yardar da mutane suka yi masa, ita kuwa in ta zube ba ta kwasuwa.