Lord Salisbury (1830–1903)

Robert Arthur Talbot Gascoyne-Cecil, wanda aka fi sani da Lord Salisbury, ɗan siyasar Birtaniya ne da ya riƙe muƙamin Firayim Minista sau uku, jimillar shekara goma sha uku da 'yan watanni, a ƙarƙashin jam'iyyar masu ra'ayin riƙau. Shi ne na ƙarshe da ya yi dukan mulkinsa daga Majalisar Sarakuna, wadda a lokacin gado ne ke kai yawancin 'ya'yanta cikinta. A zamaninsa aka sa hannu kan yarjejeniyoyin da suka raba ƙasar Hausa tsakanin Ingila da Faransa.

An haife shi ranar 3 ga Fabrairu 1830 a gidan Hatfield, arewa da Landan. Gidansu tsohon gidan mulki ne: kakanninsa William Cecil da ɗansa Robert su ne manyan mashawartan Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya. Yarintarsa ba ta yi daɗi ba. A makarantar Eton yara sun gallaza masa har aka cire shi yana ɗan shekara goma sha biyar, kuma masu rubuta tarihinsa da dama suna ganin daga nan ya fara tsoron taron jama'a, tsoron da bai rabu da shi ba har ya tsufa. Ya yi karatu a Oxford, ya yi doguwar tafiya zuwa Afirka ta Kudu da Ostireliya da New Zealand don neman lafiya, sannan a 1853 ya shiga Majalisar Wakilai daga mazaɓar Stamford ba tare da abokin takara ba.

Da yake ba shi ne babban ɗa ba, bai sa ran gado ba. A 1857 ya auri Georgina Alderson, 'yar wani alƙali, ba da son mahaifinsa ba, sai uban ya tsuke masa bakin aljihu. Dole ta sa ya kama rubutu a mujallu, musamman Quarterly Review da Saturday Review, don ya ciyar da iyali. A waɗannan rubuce-rubuce aka fara ganin ra'ayinsa tsirara: mulki na masu dukiya da ilimi ne, kuma ba wa kowa ƙuri'a hanya ce ta barin marasa shi su washe masu shi. Da gaske yake. Ya zama Sakataren Harkokin Indiya a 1866, amma da Disraeli, jigo a jam'iyyarsu, ya kawo dokar ba ma'aikatan birane ƙuri'a a 1867, sai ya ajiye aikin ya fice daga gwamnati. Wansa ya riga ya rasu a 1865, uban ya bi a 1868, sarautar gidan ta faɗo masa.

Duk da wannan saɓani ya koma aiki da Disraeli a 1874, ya zama Sakataren Harkokin Waje a 1878, suka tafi taron Berlin tare, shekarar da Birtaniya ta karɓi tsibirin Kubrus daga hannun Daular Usmaniyya. Ya hau kujerar Firayim Minista a 1885, ya sake hawa daga 1886 zuwa 1892, sannan daga 1895 zuwa 1902. Abin da ya ɗaure masa gindi shi ne rikicin Ayalan: abokin hamayyarsa Gladstone ya nemi ba ta mulkin kai, jam'iyyarsa ta dare biyu, ɓangaren Joseph Chamberlain ya haɗa kai da Salisbury. Mutumin da ya ƙi jinin ƙuri'ar talakawa sai ga shi yana cin zaɓe da ita, har gwamnatinsa ta kafa majalisun gundumomi na zaɓe a 1888, ta mai da karatun firamare kyauta a 1891.

Amma zuciyarsa tana kan harkokin waje, kuma kusan duk tsawon mulkinsa ya haɗa wannan ma'aikata da firayim ministanci. Ba ya son yaƙi da ƙasashen Turai, ba ya son ƙawancen da zai ɗaure Birtaniya. Ciniki ya fi so: a ba da can, a karɓi nan. A Yuli 1890 ya ba Jamus tsibirin Heligoland, ita kuma ta sakar masa Zanzibar. Ranar 5 ga Agusta na wannan shekara ya shirya da Faransa: aka ja layi daga Sayi a bakin kogin Kwara zuwa Baruwa a bakin Tabkin Chadi, arewa ta Faransa, kudu ta Kamfanin Neja na George Goldie, da sharaɗin duk abin da ke ƙarƙashin Sakkwato ya faɗa ɓangaren Ingila. Hujjar Ingila ita ce takardun da wakilin Goldie, Joseph Thomson, ya ce ya ƙulla da Sakkwato da Gwandu a 1885. Ba a tuntuɓi Sarkin Musulmi Umaru ba, ba a tuntuɓi Damagaram ko Gobir ko Borno ba. Salisbury da kansa ya yi raha a bainar jama'a cewa suna ta kyautar da duwatsu da koguna alhali ba su san inda suke ba, ya kuma yi wa Faransa shaguɓe cewa rabonta galibi rairayi ne. Ya san abin da yake yi sarai, kuma wannan sanin ya ƙara wa laifin nauyi.

Layin bai kashe rigimar ba. Aka yi tseren mallakar ƙasar Borgu, sojojin ƙasashen biyu suka kusa gwabzawa, sai yarjejeniyar 14 ga Yuni 1898 ta ba Faransa Nikki, Ingila ta riƙe Busa, aka kuma zana iyaka mai lanƙwasa da nisan mil 100 daga birnin Sakkwato. Faransawa sun koka cewa an tura hanyarsu ta zuwa Damagaram cikin daji marar ruwa, shi ya sa aka sake gyara iyakar a 1904 da 1906, bayan zamaninsa. Tushen iyakar Najeriya da Nijar ta yau ke nan, wadda ta bar Katsina a ƙasa ɗaya, Maraɗi a wata. A Sudan ma, bayan kwamandan Birtaniya Kitchener ya ci Omdurman a Satumba 1898, Salisbury ya tsaya kai da fata har Faransa ta janye hafsanta Marchand daga Fashoda. Gwamnatinsa ce kuma ta soke lasisin Kamfanin Neja, ta biya shi diyya, wakilinta Lugga ya ɗaga tutar Birtaniya a Lokoja ranar 1 ga Janairu 1900.

A gida mutum ne mai riƙon addini, mai ƙin shagulgula, yana da ɗakin gwaje-gwajen kimiyya a Hatfield, kuma gidansa na cikin na farko-farko a Ingila da suka sami wutar lantarki. Yaƙin Boer, wanda ya ɓarke a Afirka ta Kudu a 1899, ya zo daidai da rasuwar matarsa da raunin jikinsa. Ya bar Ma'aikatar Harkokin Waje a 1900, ya cika gwamnati da danginsa har abokan hamayya suka riƙa yi masa gori. Ya sauka a Yuli 1902, ɗan 'yar'uwarsa Arthur Balfour ya gaje shi, kuma a hannun Balfour ne aka ci Kano a Fabrairu 1903, Sakkwato a Maris. Salisbury ya rasu a Hatfield ranar 22 ga Agusta 1903. Ɗansa Robert Cecil ya zama ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa Ƙungiyar Ƙasashen Duniya ta farko, ya sami lambar Nobel ta zaman lafiya a 1937. Birnin Salisbury na Rodeshiya, da aka sa wa sunansa a 1890, an sauya masa suna zuwa Harare a 1982.